Wurin Baba a Kogon Kakanni

Andohavato, farkon Janairu.

Zuwa ga Yayana Tsiresy,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya, kai da matarka Yaya Zafy. Yaya zafin Toliara, yaya aikin tashar jiragen ruwa? Mu nan da sauƙi, in ban da tarin Baba da ka sani. Ka yi haƙuri da rubutuna, a kan gwiwa nake yi. Ban saba rubuto maka ba, kuma da abin alheri ne da na bar Baba ya aiko da baki ta hannun direban motar kasuwa kamar kullum.

Ka tuna fararen biran nan, sifaka, na Mashigin Dutse, waɗanda Baba ya saba wa da ayaba tun kana gida? Yanzu abin ya kai da zarar sun ji kukan jif ɗinsa daga gangare sai su sauko kan hanya suna tsalle a gicciye, Turawa suna ta ɗaukar hoto. Shi ya sa baƙi ke nemansa da suna, har sauran direbobin garin Ranohira suna kiransa surukin birai.

Makon jiya ya ɗauko baƙi uku daga otal. An kwana ana ruwa, hanya duk jar laka. Da ya zo mashigin ya taka birki, motar ta ƙi tsayawa, ta ci gaba da zamewa. Babbar macen nan da kullum take fara saukowa ita ce a gaba. Motar ta buge ta, nan take ta mutu.

Ba sai na faɗa maka abin da ake yi ba. Wanda ya tarar da gawar sifaka yakan cire mayafinsa ya naɗe ta ya binne kamar mutum, tunda jinin kakanninmu ne. To, Baba ba shi da mayafi a ranar, domin mai otal ya ce direbobi su daina yafa zane, su riƙa sa riga mai tambari. Baba ya ce ya ji nauyin tuɓe rigar a gaban matan mutane. Ga Baturiya ɗaya tana kuka har da amai, mijinta yana nuna masa agogo. Sai ya ɗauke gawar ya kwantar a gindin itace ya rufa mata ganye, da niyyar ya dawo da yamma da farin zane. Kafin yamma kogi ya kawo, dole ya kwana a ƙetare. Da safe ya tarar karnuka sun riga shi, kuma makiyayan yayansa, Baffa Retovo, sun gani.

An ce dattawa za su zauna. Baba ya daina cin abinci sosai. Jiya na dafa masa shinkafa da ganyen rogo yadda yake so, ya yi loma biyu ya tashi ya koma wanke tayar motar, wadda ya riga ya wanke. Ban koma makaranta ba tukuna, na aika wa Sistar makarantarmu cewa zan ɗan makara.

Ban san abin da nake roƙonka ba. Na ga dai bai kamata ka ji a bakin wani ba.

Ka gaida Yaya Zafy da kyau.

Ƙanwarka,
Soanomena

Andohavato, ƙarshen Janairu.

Yayana Tsiresy,

Ina gaishe ka, ina fatan wannan ta same ku cikin ƙoshin lafiya. Ban ji daga gare ka ba, amma direba ya ce ya ba ka ta farko hannu da hannu.

Dattawa sun zauna a gindin tsamiya. Ina can baya cikin mata, amma na ji komai. Baffa Retovo ne ya yi magana, tunda wuƙar yankan zuri'a a hannunsa take. Bai ɗaga murya ba. Ya ce, "Kisan ba da gangan ba ne, kowa ya yarda. Amma ka bar ta tsirara a bakin hanya, ƙanena. Wanda ya bar kaka a fili, a fili zai kwanta."

Yaya, ka gane abin da ake nufi. In Baba ya rasu ba za a kai shi kogon kakanni ba. Ba zai kwanta kusa da Inna ba, shi da ya hau dutsen nan da akwatinta a kafaɗa.

Akwai hanyar wankewa guda ɗaya. Za a yanka bijimi mai farin goshi a bakin kogon, sannan ɗan fari namiji ya tsaya ya roƙa wa mahaifinsa gafara, domin bakin mai laifi ya ƙazantu, kakanni ba sa jinsa. Baba ya ce shi ba shi da ko maraƙi. Sai tsoho Remanjaka, wanda ba ya barin magana ta wuce shi, ya ce, "To ka yanka motar mana. Ba ita ka sayar da garkenka ka auro ba? Kayar da amaryar mu ga ko za ta yi jini." Aka kwashe da dariya. Baba ma ya yi dariyar tare da su, kuma wannan ne ya fi yi mini ciwo.

Na san cocin da ka shiga ya hana ku tsayawa a wurin yanka. Ban manta ba ka ƙi cin naman jana'izar Inna, kuma ban taɓa ganin laifinka ba. Ni ma Sistoci ne suka koyar da ni, ina zuwa sujada duk Lahadi. Ban iya gardamar addini ba, kai ka fi ni sani. Abin da na sani shi ne Baba ya yarda da abin nan har cikin ƙashinsa. Da safe sai ya zauna a ƙofar ɗaki yana kallon dutsen, in na kawo masa ruwan ƙanzo sai ya tambaye ni ko ina ganin akwai sanyi a can sama.

Maganar da za ka yi ba ta da tsawo, na tambayi Baffa. Ba sai ka ci naman ba, ba sai ka taɓa jinin ba. Ka tsaya kawai ka ce kai ne Tsiresy ɗan Mahavita, ka zo roƙa wa ubanka. In ka ga na yi rashin kunya da na rubuta haka, ka yafe mini.

Taka har kullum,
Soanomena

Andohavato, tsakiyar Maris.

Yayana,

Barka da aiki, yaya iyali? Saƙonka ya iso, da maganin tarin da ayar da ka rubuto. Na gode, Allah ya ƙara buɗi. Na karanta wa Baba wasiƙar duka, har wurin da ka ce matattu ba sa jin kowa, kuma ba za ka durƙusa wa dutse saboda biri ba. Na so in tsallake wurin, amma ya lura na yi shiru, ya ce in karanta yadda aka rubuta. Da na gama ya ce ka iya rubutu, kuɗin makarantarka bai tafi a banza ba. 

Duk da haka ya sayar da motar. Wani yaro daga Ihosy ya saya, Baba kuma ya sayo bijimin a kasuwar shanu, ja ne mai farin goshi, yana nan ɗaure a bayan ɗaki. Na ce masa me ya sa, tunda ka ce ba za ka zo ba. Ya ce yaro yakan ce a'a da safe ya ce to da yamma, kada ka zo ka tarar ba a shirya ba.

Akwai abin da na yi, kada ka yi mini dariya. Na je wurin Baffa ni kaɗai. Ka san ni da kunya, tun daga gida nake maimaita abin da zan faɗa, da na isa duk ya gudu. Na durƙusa na ce ko ni zan iya tsayawa a madadinka. Matan gidan suna daka, suka ajiye taɓare suna dariya, Gwaggo Pelamena tana cewa boko ya sa 'yar Mahavita ta fara tsiro gemu. Baffa ya tsawata musu. Ya ce, "'Yata, ke ta kogon wasu ce, ranar da aka aure ki can za ki. Ba a aiken baƙo ya buɗe ɗakin gida." Ya ce shi ma ba ya barci, uwa ɗaya ta haife su da Baba, amma in ya karya wannan a kan ƙaninsa, gobe da wane baki zai hana wani? Ya ba ni rogo na kawo gida.

Abin da ya fi damuna yanzu shi ne biran. Har yau in sun ji kukan jif ɗin sai su sauko, sabon direban kuwa ba ya rage gudu. Da Baba ya ji haka sai ya fara hawa mashigin da ƙafa, da sanda da tsohuwar garwa. Yana zuwa ya zauna, in sun sauko wurinsa sai ya buga garwar ya yi musu ihu ya jefe su da tsakuwa, don su koyi tsoron mutum. Na bi shi sau ɗaya. Wani ƙarami ya ƙi gudu, ya zauna yana miƙo hannu, Baba yana jifansa yana hawaye. Ya dawo yana tari har da jini.

Na ce a raina ba zan sake roƙonka ba, ga shi ina yi. Ƙafafunsa sun fara kumbura, Yaya.

Ƙanwarka mai ƙaunarka,
Soanomena

Andohavato, Mayu.

Zuwa ga Yaya Tsiresy,

Ina gaishe ka, ina kuma yi muku barka. Direba ya ce Yaya Zafy ta sauka lafiya, an sami namiji. Allah ya raya shi, ya ba ta lafiyar shayarwa.

Na san saƙon Baffa ya riga wannan isa, ka ji Baba ya rasu. Ina so ka ji sauran daga gare ni. Da rana ne, ina tankaɗe shinkafa a ƙofa. Duk lokacin da motar kasuwa ta tsaya a bakin hanya yakan ce in leƙa in ga wa ya sauka. Ranar ma na leƙa na dawo na ce masa buhunan gawayi ne kawai. Ya ce to. Da na shigo da abinci ya riga ya tafi.

Ba a kai shi dutse ba. An haƙa masa a gefen hanya ƙasa da gari, inda ake binne baƙi da waɗanda ba a san danginsu ba, aka tara duwatsu a kai. Mutane sun zo da yawa, har direbobin Ranohira sun jera motocinsu. Tsoho Remanjaka ya fi kowa kuka. Baffa da hannunsa ya naɗe Baba, da mayafinsa na kansa, amma ko da aka zo ɗaukarsa bai dubi wajen dutsen ba. Ba a yanka bijimin ba, Baffa ya ce wannan na roƙo ne, ba na makoki ba.

Bayan an watse na tambayi Baffa ko shi ke nan. Ya ce ba a rufe ƙofa a kan ƙashi. Duk ranar da aka yi roƙon za a tono shi a wanke a kai shi kusa da Inna. Na ce in ɗan ya ƙi fa, har abada? Ya ce jika namiji ma yana iya tsayawa, in ya girma ya yi aure, kuma in ubansa bai hana shi sanin hanyar garin nan ba. Amma sai da wannan bijimin, tunda shi aka riga aka nuna wa kakanni.

Sista ta aiko sau biyu a kan jarrabawa. Na ba ta haƙuri. Ba wanda zai yi kiwon bijimin in na tafi, ɓarayin shanu kuma sun dawo yankin. Da safe nakan kai shi fadama, in zauna da littafina, amma ba na gane abin da nake karantawa.

Ba na fushi da kai, wallahi. Na tambayi makiyayan Baffa shekara nawa bijimi yake yi a duniya in an kula da shi sosai. Suka yi ta musu a tsakaninsu, amma ko wanda ya fi kowa yawaitawa bai kai shi lokacin auren ɗanka ba.

Ka rubuto mini sunan yaron, in je in faɗa wa Baba.

Ƙanwarka,
Soanomena