Yaya Sani, Baba Ya Kalle Ka

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Bayan gaisuwa irin ta ƙanwa ga wanta, ina rubuto maka ne daga gidanmu na unguwar Zahir a Makka, wata bakwai da binne ka a Landan. Akwai labarin da ya kamata ka ji daga bakina.

Ka bar Makka da sunan karatun injiniya, ka ɓuge da wasan kwaikwayo. Shekara ashirin da biyu kana fitowa a talabijin da finafinan Ingila, ba ka taɓa zama jarumi ba. Yau kai ne direban bas, gobe kai ne maƙwabcin da zai leƙo ya ce bai ga kowa ba. Sunanka can ƙarshe yake fitowa, bayan masu kallo sun watse.

Mu dai ba ma watsewa. Inna ba ta jin Turanci ko kalma ɗaya, amma takan zauna awa guda gaban faifan da ka aiko don ta gan ka na minti ɗaya. Ranar da aka harbe ka a wani fim, ƙin cin abinci ta yi sai da ka bugo waya. Ta ce maka, "To ka daina tsayawa kusa da masu bindiga."

Baba kuwa ka san shi. Tun da ya ce ɗan da aka haifa kusa da Harami ba zai zama ɗan wasa ba, bai sake ambaton aikinka ba. Da an kunna sai ya zura takalmi ya koma shagonsa na ɗinki.

Zuwanka Umra na ƙarshe, muna cin waken ful da gurasar tamis a unguwar Aziziyya, ka faɗa mini abin da ka ɓoye. An taɓa ba ka babban matsayi a wani fim saboda kana jin Larabci: mutumin da zai karanta Alƙur'ani sannan ya hallaka jama'a. Ka karanta takardun labarin fim ɗin, ka mayar musu. Wakilinka mai nemo maka aiki ya rabu da kai, ka yi kusan shekara biyu ba wanda ya neme ka. Ka sa na yi alkawarin ba zan gaya wa Baba ba, wai kada ya ɗauka yabo kake nema.

Na karya alkawarin, Yaya. Juma'ar da ta wuce, bayan la'asar, na tarar da shi yana shafa jallabiyar da ya ɗinka maka, wadda ba ka dawo ka saka ba. Na kasa daurewa, na zayyane masa komai.

Ya ajiye jallabiyar a gefe. Can sai ya ce in kawo faifai ɗaya.

Na sa masa wanda kake ma'aikacin asibiti, kana tura wani tsoho a keken marasa lafiya. Ka tsaya ka gyara masa bargo, ka dafa kafaɗarsa, shi ke nan aka wuce ka. Baba ya matso da kujerarsa dab da talabijin, ya sa na maimaita har sau huɗu. A na ƙarshen ya ce, "Wannan ba Turawa suka koya masa ba." Sannan ya kira sunanka da ƙarfi, irin kiran da yake maka daga shago.

Allah Ya jiƙan ka, Yayana. Ya haskaka kabarinka a wannan ƙasa mai sanyi, Ya saka maka da abin da ka bari dominSa, Ya haɗa ka da Baba a inda za ka amsa masa.

Ƙanwarka mai kewarka,
Rabi