Gidanmu Yana Sauka

Zuwa ga uwar 'ya'yana,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kina lafiya. Yaya ƙafar Yaya, ta fara takawa? Ki gaishe ta da jiki. Ki yi haƙuri da rubutun, kin san da furfura na koyi riƙe alƙalami a ajin yamma.

Albishirinki. Auta ta sauka, namiji! An yi miki sabon miji, ni kuwa an kawo mini mai ƙwace mini ke. Hancinki ya ɗauko sak, Allah ya ba shi haƙuri. Na bi gadojin unguwa ina shela, har maƙwabcinmu Mai Igiya ya ce in zauna kar in zame in faɗa cikin gajimare, a rasa mai cika wa yaron kunne.

Sai dai ya zo da shawara. Idanunsa sun yi rawaya, ba ya kama nono sosai. Ungozoma ta ce a kwantar da shi ƙarƙashin dutsen haske, guntu mai kauri, don na fitilun titi ba su da ƙarfi. Iskar da ta hana ki dawowa ta tsinke gadar asibiti, jiragen iska ba sa tashi, tattabarun wasiƙa kaɗai ke ratsa ta. Uban yaron ma yana can wajen haƙar dutse, ba hanya.

Don haka na sauka ƙarƙashin ɗakinmu da guduma, na ɓallo guntu daga dutsen hasken da ke riƙe da gidan a sama. Kar hankalinki ya tashi. Rayuwata duka goge dutsen kasuwa na yi, na sha ganin an ɓalle shi bai ko girgiza ba. Na ɗaure guntun da zare a bakin gadon jariri, yana ta ja sama, angonki yana barci cikin farin haske.

Naki kullum,
Mai Tsumma

Zuwa ga uwar 'ya'yana,

Ina gaishe ki, ina gaida Yaya. Allah ya sa wannan ta same ki cikin lafiya.

Gidanmu yana sauka. Na auna dutsenmu da na kasuwa, na manta namu bai fi tulu ba. Wurin da na sara yana zubar da haske kamar yadda rauni ke zubar da jini. Na naɗe shi da tsumma, na shafe da danƙo, bai tsaya ba. Ruwan kwano ya karkata gefe guda. Gadarmu zuwa gidan Mai Igiya ta miƙe kamar tsani, shi kuma yana ta ƙara mata igiya. Da safe gajimare ya shigo ta taga, bango duk ya jiƙe.

Na jefar da gadonmu don gidan ya yi sauƙi. Na jefar da tankin ruwa da akwatin kayan aikina. Tukwanenki ma sun tafi, ki yafe mini.

Mai Igiya ya ce in mayar da guntun yanzu, tun bakin saran bai bushe ba, zai kama. In ya bushe, shi ke nan. Ungozoma kuma ta ce in aka raba yaron da hasken nan, rawayar za ta hau masa kai, ko ya rayu ba zai zama mutum daidai ba. Na bi gida gida ina roƙon guntu. Kowa ya tausaya, amma sun ga abin da ya sami namu, wa zai sari nasa? Ban ga laifinsu ba.

Auta ta ɗauka aron guntun na yi, sai da ta ga ƙofa tana rufe kanta saboda karkatar gidan. Ta dube ni, ta dubi ɗanta, ta juya mini baya. Gara ma da ta zage ni.

Gidan nan ke kika ɗauki katakonsa a kai ina kafawa. Ba ni da ikon yanke hukunci ni kaɗai, amma kafin tattabara ta je ta dawo saran ya bushe. Na rasa inda zan sa kaina. Ki yi mana addu'a.

Mijinki,
Mai Tsumma

Zuwa ga uwar 'ya'yana,

Bayan gaisuwa da tambayar lafiyarki da ta Yaya, daga ɗakin ajiyar Mai Igiya nake rubuto miki.

Jiya ya leƙo daga sama ya ce, “Tsoho, igiyata ta ƙare.” Gidanmu ya fara jan nasa. Na kwance guntun na riƙe a hannu, na tsaya a bakin ramin da ke sauka wajen dutse. Saran yana da sauran danshi. Sai yaron ya yi ɗan kuka a bayana, na koma na ɗaura masa guntun a jikin zanen goyo.

Auta ta hau gadar da shi, ungozoma na tura ta daga baya, ni ne ƙarshe. Mai Igiya ya ɗaga wuƙa, na karɓa, na yanke gadar da hannuna. A hankali gidan ya tafi, labulenki yana kaɗawa a taga, har gajimare ya rufe shi.

Yau da hantsi ungozoma ta buɗe idon angonki ta kira ni. Fari ya fara fitowa a gefe. Ya cafki nono har Auta ta yi ƙara, ni kuwa na zauna a kan tulin igiya ina kuka ina dariya, matar Mai Igiya tana cewa tsohon nan ya zare.

In iska ta kwanta, ki ce wa mai jirgi ya sauke ki a ƙofar Mai Igiya. In za ki yi faɗa, ki yi, na shirya. Amma ki fara ɗaukar angonki tukuna.

Naki har kullum,
Mai Tsumma