Ranar da Za a Kama Tsoho

Zuwa ga aminina Mai-tawada,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kana lafiya, kai da iyali. Yaya ƙafar uwargida? Allah ya ƙara sauƙi.

Ka yi ƙorafin na daina leƙo maɗaba'a tun da aka ba ni minista. Da gaskiyarka. Ofishin nan ƙofa uku gare shi, kuma kowace ƙofa da mai jingina a bayanta. Sau biyu ke nan abin da muka tattauna a majalisar ministoci yana fitowa a jaridar 'yan adawa. Sakatarena, wanda Turawa suka horar, yana shigowa ya ɗauki fayil ba a ji motsinsa ba. Direbana kuma ya fara rage rediyo da zarar na buɗe baki a kujerar baya.

Ka tuna dabararmu ta zamanin gwagwarmaya, idan muna zargin akwai ɗan rahoto a cikinmu? Mu gaya wa kowa ranar taro daban, mu ga ranar da 'yan sanda za su zo. Na dawo da ita. Firimiya ya kira ni ni kaɗai ya ce za a kama Tsoho saboda yajin aikin ma'aikatan jirgin ƙasa, kuma da dokar da aka ɗaure mu da ita za a kama shi. Tsohon nan da ya yaga bargonsa a kurkuku ya ba ni rabi. Na bar takarda a kan tebur mai cewa Litinin, a mota na ce Asabar, in ga wadda jarida za ta buga. Ranar gaskiya Alhamis ce. Kai kaɗai na gaya wa, don abin ya tokare mini ƙirji.

A gaida yara.

Naka,
Gajere

Mai-tawada,

Ina gaisuwa, da fatan an tashi lafiya.

Na ga jaridar Laraba. Ba Litinin ta ce ba, ba Asabar ba: Alhamis ta ce. Tsoho ya yi layar zana tun kafin ta fito. Yau da sakatare ya kawo mini shayi sai na ji kunyar haɗa ido da shi.

Na zauna na yi tunani. Labaran nan biyu na baya, duk na ba ka su a falona, kana cin gyaɗa kana zagin gwamnati ina dariya. Shekara ashirin muna tare, ban taɓa sa ka cikin waɗanda ake gwadawa ba.

Ban san ko fushi nake yi ba. Na karanta kwafin wasiƙata sau uku ina neman inda na roƙe ka ka rufa asiri, ban samu ba. Wataƙila na san wanda nake rubuta wa.

Na gaishe ka,
Gajere

Aminina,

Gaisuwa a gaggauce. Matata ce za ta kawo maka wannan da hannunta, ban yarda da gidan waya ba.

Jiya a matakalar ofis ministan ayyuka ya ja ni gefe yana mamakin jaridar, wai shi Juma'a aka gaya masa. Na bi ta wajen ministan lafiya da dabara: shi Lahadi. Ashe kowannenmu an kira shi shi kaɗai. Ba a ma sa hannu a takardar kamun ba. Ni da bakina na koya wa Firimiya wannan dabara, a ɗakin bayan maɗaba'arka, lokacin yana ɗan malamin makaranta mai takalmi ɗaya.

Ya kira ni gobe ƙarfe goma. Sakatarensa ya sanar da ni cikin ladabi cewa ba murabus ake nema ba, suna ɗaya kawai ake so: wanda ya kai wa jarida.

Ina so in rantse maka ba zan faɗa ba. Wata goma sha huɗu na yi a kurkuku ban kama sunan kowa ba. Amma a lokacin ba ni da gidan gwamnati, ba ni da 'ya'ya huɗu a makaranta, kuma ban saba mutane su miƙe idan na shigo ba. Na daɗe ban gwada kaina ba, ban san me ya rage ba.

Saboda haka ka kwashe injin yau, ka kai uwargida wajen 'yan'uwanta. Kada ka ba ni amsa. Kada kuma ka gaya wa matata inda za ka, ko da ta yi kuka.

Allah ya tsare hanya.

Amininka,
Gajere