Kalma ɗaya a bakin tsohon soja ta tsare ni

Assalamu alaikum 'yan uwa. Admin a ɓoye sunana. Don Allah ku ba ni shawara.

Ni ɗalibi ne daga Katsina, ina karatun Larabci a Khartoum. Wani malaminmu ya haɗa ni da mai shirya fim ɗin tarihi na talabijin, kan tsofaffin sojojin da suka yi yaƙin Kudancin Sudan. A cikinsu akwai wani dattijo Bahaushen Omdurman, zan kira shi Baba. Da Larabci ya yi hirar, amma in abin ya taɓa shi sai ya zame zuwa Hausa, masu fim ɗin kuma ba mai ji. Aikina in mayar da Hausar Larabci.

A wani wuri an tambaye shi kan samarin da suka ba da kansu zuwa yaƙin, ya yabe su da Larabci, sai ya sunkuyar da kai ya ce, "Yaran nan ba zuwa suka yi ba, mu muka kasha su." Ni "kashe" na ji. Ba na iya rubuta abin da ban tabbatar ba, don haka na shiga mota har unguwarsa Alsawra na tambaye shi.

Ya ba ni shayi, ya yi mini dariya, wai Hausar Najeriya ta rufe mini kunne. Kasha a nan Sudan ita ce samame, a tare bas a sauke samari, a loda su a babbar mota zuwa sansani. Shi ne direban motar. Sannan ya daina dariya ya ce, "Amma ya waladi, ɗana, abin da kunnenka ya ji ma bai yi nisa ba. Kaɗan ne suka dawo." Ya ce in rubuta yadda ya faɗa, ya gaji da riƙe maganar.

A bakin ƙofa 'yarsa ta tare ni, rabi Hausa rabi Larabci, ta ce in na rubuta jami'an tsaro za su zo, mahaifinta ga ciwon suga, ba zai kwana biyu a hannunsu ba. Ta ce ni baƙo ne, gobe zan hau jirgi in bar su da abin. Na wuce na hau mota.

Na san ba za a taɓa saka maganar a talabijin ba, amma mai fim zai karanta, kuma ban san wa yake kai wa labari ba. Ni ma iƙamata, wato takardar izinin zamana, a hannun hukuma take. In na janye, mai fim zai nemo wani mai jin Hausa, wataƙila shi "kashe" zai rubuta kai tsaye.

Mai fim yana ta kirana. Na fassara komai, layin nan kaɗai ya rage. In rubuta gaskiya in jefa Baba a hannun jami'an tsaro, ko in sauya in zama wanda ya rufe masa baki, bayan ni kaɗai na ji shi? Me zan rubuta?