Jan Mayafi a Barandar Kotu

Jabalpur, 19 ga Mayu

Zuwa ga Yayana Omprakash,

Bayan gaisuwa da girmamawa, ina taɓa ƙafafunka daga nesa kamar yadda ya dace da ƙanwa. Ubangiji ya ƙara maka lafiya, ya sassauta maka zafin birnin Maskat da ciwon gwiwar nan. Mu nan lafiya ƙalau. Mangwaron da Baba ya shuka ya yi 'ya'ya har rassa na jan ƙasa, autarka Ketaki kuma ta gama jarrabawa.

Yanzu gyara zama, don ban zo da daɗin baki ba. Ka ce mini a waya in raka 'yarka Vaidehi babbar kotu ranar Talata, ta tabbatar da sulhun da ka ƙulla da surukanta, a soke ƙarar da ta kai su kan azabar da suka gana mata saboda kayan gara, ta koma ɗakinta. Ka ce dangin saurayin Ketaki ba za su ɗauki yarinya daga gidan da ke zaryar kotu ba. Na ji, na raka ta. Amma sai da na karanta takardar sulhun sau uku, ni da na yi shekara ashirin da shida ina koya wa 'yan mata karatu. Shafi huɗu, Yaya, babu kalmar ƙuna ko ɗaya. Saɓanin cikin gida suka kira abin. Kaskon tuyar gurasar roti da uwar mijinta ta ɗauko daga kan wuta ta manna wa 'yarka a damtse, don motar da ba ka saya musu ba, wai shi ne saɓani!

A barandar kotu uwar mijin nan ta tarye mu da murmushi har kunne. Ta zaro jan mayafi mai zaren zinariya, irin wanda uwar miji ke yafa wa amarya ranar shigarta gida, ta lulluɓa wa Vaidehi, tana kiranta hasken gidanta. Lauyoyi sai gyaɗa kai suke. Ni kaɗai na lura da yadda ta ja gefensa ya sauka daidai kan tabon, ta maƙale shi da fil. Cikin wannan zafin na Mayu! Na ce mata ban san ta iya rufe abu haka ba. Ta ce macen da ba ta taɓa aure ba, me ta sani a zaman gida. Na ce na dai san kasko don tuya aka yi shi.

Doka ta yarda a soke irin wannan ƙara idan an sasanta, amma sai alƙali ya ji daga bakin matar cewa babu tilas. Wannan kaɗai na gaya wa Vaidehi a hanya, ban ƙara ko harafi ba. Alƙalin ya tambaye ta ko da yardarta ta sa hannu. Sai ta zare fil ɗin, ta ninke mayafin tsaf, ta ce babanta ya yarda, surukarta ta yarda, ita dai ba wanda ya tambaye ta sai yau. Alƙali ya dubi damtsen, ya ajiye alƙalaminsa, ya ce shari'a za ta ci gaba.

Washegari dangin saurayin Ketaki suka aiko a ba su zobensu na baiko. Kada ka zubar da hawaye a madadinta. Da kanta ta miƙa, ta ce gwamma yanzu da sai ta ga nasu kaskon. Kullum kana maimaita zancen tsofaffi, wai 'ya mace a kan kafaɗu ake kai ta gidan miji, a kan kafaɗu ake fito da gawarta. Marigayiya uwarsu ba don makara ta haife su ba. Tafin hannu ba ya rufe rana, Yaya, balle mayafi.

Vaidehi tana wurina, a ɗakin da ka yi ƙuruciya. Zaman kotu na gaba 8 ga Yuli ne, kuma bencin da ke bayanta yana da wurin mutum guda. Ban yarda kowa ya zauna ba sai kai.

Ka gaishe mini da Kawu Jagmohan da Inna Nirmala. 'Ya'yanka biyu suna taɓa ƙafafunka. Ga kwalbar mangwaro mai yaji nan tare da wasiƙar, irin wanda kake so. Da jan mayafin na naɗe ta don kada ta fashe a hanya. Iyakar amfaninsa ke nan.

Ƙanwarka da ba ta fasa ƙaunarka ba,
Sulochana