Duwan Ta Ƙi Fita daga Bargon Marigayi

Inna Habsatou, ki taimake ni don girman Allah, kafin Juma'a ta zo a raba ni da abu biyu lokaci guda.

Maigidana, Allah shi jiƙan shi, masunci ne nan Malanville. Ya rasu da damina, ya bar ni da mussa guda, kyanwa ke nan, wadda ya tsinta tana 'yar mitsitsiya cikin jirgin albasa. Duwan shike ce mata, wato kwastan, don babu kwandon kifin da zai shiga gida ba ta shinshine shi ba, ta kuma karɓi rabonta. Mussa ce mai ƙarfin hali, wallahi har karen maƙwabta ta taɓa kora.

Tun ranar da gida ya cika da masu gaisuwa ta shige bargonshi, wani tsohon bargo ruwan toka da shike rufa da shi cikin jirgi in sanyin kogi ya taso. Har yau can take. Ki dubi zafin garin nan, Inna, ko ƙadangare inuwa shike nema, amma ita tana cikin bargo! Takan fito ta ci, ta kewaya bayan ɗaki, amma da an yi sallama ko kabu-kabu ya wuce sai ta koma da gudu, jela a kumbure. Na taɓa jawo ta da ƙarfi, ta yakushe ni.

Ni kuwa, gaskiya, ban ƙi ba. Bayan azahar nakan kwanta kusa da ita in ja gefen bargon bisa fuskata. Har yanzu shina ƙamshin hayaƙin banda da ruwan kogi. Tana ɗan gurnanin nan nasu na jin daɗi, sai in ji gadon ya fara lilo, ɗakin duka ya kwance ya bi ruwa. Mu wuce ƙarƙashin gada, mu wuce gonakin shinkafa, belbelu na tashi fari fat. Shi kuma shina baya shina tuƙi, ban ganin shi amma ina jin numfashinshi. Ban taɓa waiwayawa ba, na san in na waiwaya zan farka. Kiran la'asar ke maido ni gaɓa.

Takabata ta ƙare tun lokacin sanyi, amma ban koma sayar da bandar kifina kasuwa ba. Ƙafata ta ƙi.

To yanzu yayan maigidana, Salifu, ya ce abin ya isa haka. Matarshi ta ce mussa mai irin wannan ɓuya wani abu take gani da mu ba mu gani, kuma ita ke riƙe da ni. Ya yanke ran Juma'a a wanke bargon a ba da sadaka, kamar yadda anka yi da sauran tufafin, Duwan kuwa a sa ta buhu a ƙetare gada a sake ta a Gaya, tunda an ce mussa ba ta dawowa in ta ƙetare ruwa. Salifu ba mugu ba ne, shi ke ciyar da ni. Da gaske wani abu take gani? Mi zan ce mishi?

Mai kewa, daga bakin kogi

AMSA

Ɗiyata, Allah ya jiƙan maigidanki, ya ba ki haƙuri.

Kwantar da hankalinki, Duwan ba ta ga aljani ba. Kyanwa da hanci take sanin gidanta. Rana ɗaya mai ba ta kifi ya ɓace, baƙin ƙafafu da koke-koke suka cika tsakar gida, sai ta nemi matsattsen wuri mai duhu, mai ƙamshin wanda ta yarda da shi. Tunda tana ci tana sha, tsoro ne kawai. In ta daina ci, ko zafi ya sa ta haki, a kai ta ga likitan dabbobi. Kada ki ƙara jawo ta. Ki ajiye abincinta ɗan nesa da gado, kullum ki matsa da shi wajen ƙofa, bargon kuma ya zauna inda za ta iya komawa. Mai tsoro in ya san yana da wurin gudu, ya fi saurin fitowa.

Salifu bai yi daidai ba kan maganar buhu. Jefar da dabbar gida a garin da ba ta san kowa ba alhaki ne. Amma ya ga abin da ke kika ƙi gani. Ba kyanwa ce ta dame shi ba, matar ƙanensa ce da ta yi wata da watanni ba ta leƙa waje ba. Ki same shi kafin Juma'a, tare da dattijuwar da yake jin nauyinta. Ki roƙi a bar miki bargon cikin rabonki na gado, ki ba da wani sadaka a madadinsa, ki kuma faɗa masa ranar da za ki koma kasuwa. In ranar ta zo, ki cika alkawari.

Ban hana ki tafiyarki ta bayan azahar ba. Amma ku biyu ne cikin bargon nan, ɗiyata, kuma ke ce za ki fara nuna hanyar ƙofa. Ki tashi ki hura wutar bandarki, ki shigo gida da kwandon kifi. Ina kyautata zaton Duwan za ta fito ta binciki kaya.

Allah ya sanyaya zuciyarki.

Inna Habsatou