Kunnen Evaristo

Rosario, 9 ga Yuni

Nélida tsohuwar aminiyata,

Gaisuwa mai yawa, da fatan gwiwar ta yi sauƙi. Ran Juma'a na jagoranci makaɗana muka gabatar da sabon kiɗan da kika rubuta. Rabin zauren kujeru ne zalla, kamar kullum, amma waɗanda suka zo sun tafa, jarida ma ta yaba.

Kwamitin ƙungiyar makaɗan zai zauna ƙarshen wata. So suke su karɓe sandar jagora daga hannuna su ba wani sabon jini, ya riƙa kaɗa musu kiɗan matattun Turawa suna gyangyaɗi. Shekara talatin ina fama garin nan ya saba da kiɗan masu rai, ba zan sauka ana tsakiyar aiki ba. Ki rubuta musu layi biyu, suna jin maganarki.

Naki,
Evaristo

Córdoba, 16 ga Yuni

Evaristo,

Ina amsawa, gwiwa tana nan yadda ka santa. Na saurara a rediyo. Abin da kuka kaɗa ba nawa ba ne. Daga tsakiya masu goge suka sauka ƙasa da muryar da na rubuta, masu ƙaho suka yi ta shigowa inda babu su, har aka tashi.

Na ɗauka kuskure ne, sai ga makaɗinka Basilio mai babban goge a gidana jiya, ko shayin da na zuba masa bai taɓa ba. Ya ce, "Doña Nélida, da gangan muka yi. Tun wajen gwaji muke canza wa Evaristo kiɗan ko zai ɗaga kai, sai murmushi yake mana. Muka ce to, a gaban jama'a dai ai zai ji."

Na yi kuka, kuma har yanzu haushi nake ji, ban san na wa ba. Ka je wurin likitan kunne, tsoho. Kwamiti kuwa, ba zan rubuta musu ƙarya ba.

Ka huta lafiya,
Nélida

Rosario, 28 ga Yuni

Nélida,

Ina gaisuwa. Likita ya ce duka kunnuwan biyu ne, kuma jin ba ya dawowa. Na kai wa kwamiti sandar da kaina.

Ni dai ina da uzuri. Mutanen da suka tafa fa, da ɗan jaridar? Kunnensu lafiya lau, kuma babu wanda ya lura. Wannan ya fi maganar likita yi mini ciwo.

Ki ci gaba da rubuto mini. Kada ki bugo waya.

Naki har kullum,
Evaristo